Inda Inna Ta Ajiye Gwangwaninta

Famfon kicin ne ya yi tari. Na murɗa shi zan wanke shinkafa, sai ya yi kof-kof sau biyu, ya tofo iska, ya yi shiru. Ba wani abu ba ne, tankin saman bene ne ya ƙare, kuma kafin azahar mai gadin gininmu a nan unguwar Kudai ta Makka ya kunna inji ruwa ya dawo. Amma na daɗe a tsaye da roba a hannu, domin daidai lokacin saƙon muryar ɗana Anas yake fita daga wayar da na jingina a kan firji.

"Umma, don Allah ki daina cewa in kira Kawu. Ni ban zage shi ba. Gaskiya na faɗa masa, shi da abokan aikinsa ba su san abin da zai amfane su ba."

Na taɓa jin wannan maganar. Ba daga bakinsa ba, kuma ba a kan Amurka ba.

Anas yana can shekara goma sha ɗaya ke nan, yana aikin ba da magani a wani asibiti. Wanda ya karɓe shi ranar da ya sauka, ya ba shi ɗaki da bargo har ya tsaya da ƙafarsa, shi ne yayana Usmanu, wanda ya fi shekara ashirin yana tuƙa babbar mota daga wata masana'antar kaji. Dukansu sun zama 'yan ƙasa, suna jefa ƙuri'a. Ni abin da na sani na siyasarsu bai wuce abin da nake gani a talabijin ina ninke kaya ba: manyan jam'iyyu biyu, ɗaya ana shafa mata ja a taswira, ɗaya shuɗi. Yadda suka yi mini bayani, a da shuɗiyar ce aka sani da ma'aikata, jar kuma da masu dukiya. Yanzu da yawa daga masu aikin ƙarfi waɗanda ba su je jami'a ba sun koma ja, masu digiri kuma sun cika shuɗi. Yaya ya bi abokan aikinsa. Anas ya bi nasa. Bayan zaɓe suka haɗu a kan abincin Juma'a, magana ta yi zafi a gaban yara, Anas ya kwashi iyalinsa ya fita. Wata huɗu ba wanda ya kira wani. Ga shi azumi ya kwana uku, kuma tsakanin gidajensu bai kai tsakanin Kudai da unguwar Utaibiyya ba.

Azumin bana mai sauƙi ne. Da hantsi har iska mai sanyi ake yi. Wanda famfon nan ya tuna mini kuwa ya faɗo ne a tsakiyar zafi, fiye da shekara arba'in da suka wuce, ina 'yar shekara goma sha biyar, muna zaune a can ƙolin dutsen Nakkasa.

Babanmu ya rasu kafin nan da shekara biyu. Muka rage mu shida: Inna, Yaya Usmanu da yake dako a kasuwa, ni, da ƙannena uku. Ɗakinmu biyu ne, rufin kwano. Tun rana ba ta yi tsawon mashi ba kwanon yake fara ƙas-ƙas, zuwa azahar in ka taɓa bango sai ka janye hannu. Duwatsun Makka baƙaƙe ne, suna shan zafi su riƙe, su dinga amayo shi har bayan rana ta faɗi. Famfo bai hau dutsen ba. Ruwanmu wayit ne, wato motar tanki, da wani bawan Allah ya ɗauki nauyinta sadaka, tana zuwa gindin dutse sau ɗaya a rana. Wannan shekarar wasu ranakun ma ba ta zuwa.

Ga yadda muke yi. Ana idar da sallar asuba kowane gida zai sauko da gwangwaninsa, irin manyan nan na man girki da ake buga wa katako a baki don riƙo, ya ajiye a layi. Gwangwanin ne yake riƙe maka wuri, ba mai taɓa na wani. In wayit ta zo, kowa ya cika biyu ya tafi, ko gidanku mutum biyu ne ko goma. Wanda ya juye ya dawo, ya sake bin layi. To mutanen gindin dutse, masu shaguna da gidajen siminti, sukan cika sau uku kafin mu mu kai sama da na farko. In Yaya ya sake saukowa, sau da yawa sai ya tarar da jiƙaƙƙiyar ƙasa kawai da sawun taya.

Gwangwani biyu ga baki shida. Inna takan raba shi kamar mai rabon gado. Na sha a zuba a tulu a rufe da jiƙaƙƙen buhu. Na girki kofi bakwai. Na alwala buta ɗaya, mu yi a kan daro, abin da ya taru a jiƙa zani da shi a lulluɓe yara da rana, abin da ya rage a yayyafa a ƙasa. Sana'ar Inna wanki ne, tana yi wa gidajen ƙasa. Da ruwa ya yi wuya wankin ya tsaya, tukunya ma ta bi shi. Buɗa-bakinmu ya koma dabinon da ake rabawa a masallaci, da kunu mai ruwa-ruwa, da gurasar tamis guda biyu da Yaya yake shigowa da su a hammata. Ƙamshin sambusa da shorba yakan hawo mana daga ƙasa tun la'asar, ya zo ya zauna a tsakar gida kamar baƙon da ba a gayyata ba.

A ƙasan akwai mutum biyu da ake jin maganarsu. Ustaz Bashir malamin makarantar gwamnati ne, jikan Hausawa amma haifaffen nan, ɗan ƙasa, Larabcinsa kamar na rediyo. Matarsa ce take koya mana lissafi a makarantar 'yan mata. Alhaji Ɗanlami kuma mai babban shagon kayan masarufi ne, yana da rijiyar siminti a cikin gida da 'ya'ya maza huɗu masu jido.

Daren farko na azumi bayan tarawihi maza suka yi magana, washegari labari ya hawo mana. Ustaz ya kawo shawara a buɗe littafi, a rubuta sunan kowane gida da yawan mutanen cikinsa, a riƙa ba da ruwa bisa kai, kuma kada kowa ya maimaita sai kowa ya samu. Na zauna na buga a bayan littafina. Gidanmu zai tashi da gwangwani huɗu maimakon biyu. Alhaji Ɗanlami bai yi dogon bayani ba. An ce cewa ya yi, "Layin nan tun zuwan iyayenmu yake. Ni dai ban taɓa rubuta sunan kowa ba." Liman ya ga za a raba masa masallaci, sai ya ce gwangwanaye su yanke hukunci. Gobe bayan asuba, mai son littafi ya ajiye nasa a jikin bangon masallaci, mai son tsohon layi ya ajiye a ƙofar shagon Alhaji.

Ni ce mai sauke gwangwaninmu. Na ɗauka zan fita, Inna tana kan sallaya ta ce, "Hajara, ƙofar Alhaji za ki kai."

Na tsaya. "Inna, huɗu fa za mu samu."

"Na ji."

"Shi Alhajin ruwansa har wanke mota ake da shi. Mu za mu taya shi?"

"Kai inda na ce."

Na dubi Yaya. Yana naɗa tsumma a kafaɗarsa inda sandar jido ta ci masa fata, bai ɗago ba. Na sauka ina kuka, na dire gwangwanin da ƙarfi har ya lotsa.

Abin da na gani da gari ya waye bai fita daga idona ba har yau. A bangon masallaci gwangwanaye masu tsabta ne, na malamai da masu aikin ofis da wani ma'aikacin asibiti, mutanen da in an bi littafin su ne za su yi asarar zagaye na biyu da na uku. A ƙofar Alhaji kuwa layi ya miƙe har ya sha kwana, kuma mafi yawa namu ne na saman dutse, masu tsatsa, masu ɗaurin waya. Ustaz ya tsaya da sabon littafinsa a hannu yana kallo. Ya ce da Larabci, a hankali, amma duk mun ji, "Mutanen nan ba su san abin da zai amfane su ba."

A raina na ce gaskiyarsa. Kwana biyar ban yi wa Inna magana ba sai gaisuwa.

Haka muka ci gaba da biyu. Makaranta tana hutu, don haka in Yaya ya sami dako ni nake jido. Matakala ɗari da wani abu ne, wasu siminti wasu dutse ne kawai da ƙafa ta goge. Ana hawa ne a karkace, ana hutawa wuri uku: gindin wata katanga mai ɗan inuwa, ƙofar wata tsohuwa 'yar Chadi, da wani dutse mai faɗi da ba a iya zama a kai. Harshe yakan manne wa dasashi. Ruwan yana ƙyal-ƙyal a gefen ƙafarka, ɗigonsa yana faɗuwa ya bushe kafin ka ɗaga ƙafa ta biyu, kai kuma kana azumi. Na koyi kada in kalle shi. Nakan karanta Ƙulhuwallahu a kowace matakala goma, in na ɓata lissafi in sake.

Ranar goma sha takwas autarmu Safiya ta kwanta. Jikinta ya yi zafi, leɓɓanta suka tsage, kukanta ba hawaye. Inna ta juye rabon girki duka a kanta, ranar ba a ɗora tukunya ba. Na sauka neman ƙanƙara, na haɗu da malamarmu matar Ustaz, ta tambaye ni lafiya, na faɗa mata.

Washegari bayan la'asar muka ji ana sallama da wata murya mai haki. Ustaz Bashir ne. Ya hawo da gwangwani biyu ba sanda, a hannu ya riƙo su, rabin ruwan ya ƙare a farar rigarsa. Takalminsa ɗaya ya tsinke. Tun da aka haife shi a unguwar bai taɓa kaiwa saman dutsen ba, shi da bakinsa ya faɗa. Inna ta shimfiɗa masa tabarma, ta miƙa masa mafici. Da numfashinsa ya dawo ya ce da Hausarsa mai nauyi, "Inna, don Allah me ya sa? Don ku na yi."

Inna ta ce, "Malam, littafin nan naka, in ka gama rubutu a ina zai kwana?"

"A masallaci."

"In masu duba takardu suka zo suka ce liman ya kawo, zai hana su?"

Inna ta ci gaba.

"Iƙamarmu, takardar zamanmu a ƙasar nan, a kan mahaifin yaran nan take. Ranar da aka binne shi ita ma ta mutu. Gidajen da ka wuto, in ka cire uku, duk haka suke. Kai sunanka a takarda albashi yake kawo maka. Ni nawa a takarda jirgi zai kawo mini, da yara biyar, zuwa ƙasar da ko ɗaya daga cikinsu bai taɓa gani ba. Ƙishirwa na san ta. Wancan ban san shi ba."

A nan na fara jin cewa takardunmu sun mutu. Ta ɓoye mana don kada bakin yaro ya suɓuce a makaranta.

Ustaz ya ce, "Me ya hana ku faɗa mini?"

"A masallaci, a gaban kowa? Alhaji bai fi ka tausayi ba, Malam, ni na san nauyin mudunsa. Amma shi ya ɗauki makarar mijina, ya san abin da ke ɗakin nan. Kai kuwa ka tambaya?"

Ya zauna har aka buga igwar shan ruwa. Inna ta tsaga tamis ta ba shi kashi mafi girma, ya sha kununmu a kofin Yaya. Kafin ya sauka su biyun suka fito da dabara. Ba suna, ba littafi. Fenti kawai: kowane gwangwani a ja masa layi daidai da bakunan gidan. Namu layi shida, kore, da ragowar fentin ƙofar masallaci. Alhaji ya yi gunaguni kwana biyu sannan ya yarda, da sharaɗin layinsa na nan a ƙofar shagonsa, kuma 'ya'yansa ba su daina satar zagaye ba in liman ya juya baya. Amma mun fara samun huɗu. Safiya ta tashi. Saura kwana uku salla hadari ya taso daga wajen Ɗa'ifa da yamma, iska ta cika gari da ƙura, sannan aka sako ruwa na ɗan lokaci, manyan ɗigo masu ɗumi. Duk dutsen ya fito da daro da tukwane. Ruwan kwanon ja ne, ba ya shawuwa, amma Inna ta yi wanki da shi har hannunta ya yi fari.

Dutsen nan yanzu babu shi yadda muka san shi, an rushe yawancinsa. Inna ta rasu da takardunta a gyare. Amma da na ji maganar Ustaz a bakin ɗana, na ajiye robar shinkafa na ce wallahi azumin nan ba zai fita suna haka ba.

Na fara da Yaya. Na jira la'asar ɗinmu, lokacin safiya ce a can.

"Hajara, in ɗanki ne ya aiko ki, ki ce ba ki same ni ba."

"Ba wanda ya aiko ni, Yaya."

"Yaron nan ya zauna a gidana, ya ci tuwona, yana yi mini bayanin rayuwata kamar yana karanta mini takardar magani. Sau uku a rana bayan abinci. Ya taɓa tambayata yadda garin nan ya koma da aka rufe masana'antar ƙarfe? Mutanensa in sun zo neman ƙuri'a, magana suke mana kamar marasa lafiya. Waɗancan ko ƙarya suke, a wurin cin abincinmu suke zama su yi ta."

"Kai ka taɓa tambayarsa mutum nawa ke zuwa gabansa su mayar da magani su tafi don ba su da inshora? Ko abin da matarsa take ji a hanya da hijabinta?"

Ya yi tsaki.

Na ce, "Yaya, ka tuna Ustaz Bashir?"

Ya ce, "Mai tsinkakken takalmi."

"Lissafinsa fa daidai ne, huɗu suka fi biyu. Kuma da ya hawo Inna ba ta bar shi a tsaye ba."

"Ai shi ya hawo."

"To in wannan ya hawo, ka shimfiɗa tabarma."

Bai ce to ba, bai ce a'a ba. Ya tambaye ni ko har yanzu ana samun tamis mai kyau a Utaibiyya.

Anas kuma ban yi masa musu ba, don ban san wace jam'iyya ce da gaskiya ba, kuma ba na jin Inna ta san ko Alhaji ne da gaskiya. Labarin nan na ba shi tun daga tarin famfo har fenti, saƙon murya bakwai a jere. Ya amsa da layi ɗaya: "Umma, wannan daban ne." Na ce wataƙila. Amma akwai wata baiwar Allah daga garinsu da ta zo umara, za ta koma ranar goma ga wata, kuma galan ɗaya na zamzam ake bari matafiyi ya ɗauka. Na roƙe ta, ta bar mini nata. Ban rubuta sunan kowa a jiki ba. Na ɗauki jan-farcen jikokina na ja layi tara, biyar na gidan Yaya, huɗu na gidan Anas. Na ce wa Anas, "Ruwa na zuwa hannunka. Ba naka ba ne kai kaɗai. Kai za ka ɗauka ka kai, ba aike ba. In ka je kada ka yi bayani. Ka tambaya, ka yi shiru har ya gama. Wannan ba shawara ba ce, ya waladi, ɗana, ni na haife ka."

Kwana huɗu bayan matar ta sauka ban ji komai ba. Ban kira ba. Na yi ta kai kukana inda ake kaiwa, a sujada da kuma lokacin shan ruwa.

Ranar Asabar ina soya sambusa waya ta yi ƙara, kiran bidiyo daga lambar Anas. Da na ɗauka sai ga goshin 'yarsa Ummi, mai sunan Inna, shekararta shida, ta kafa fuska a jikin gilashi. Sitti take kirana, wato kaka da Larabci.

"Sitti, mun kai ruwan. Lif ɗin gidan Kaka Usmanu ya lalace, Abba ne ya ɗauka har bene na huɗu. Yana ta haki."

"Madalla. Sun yi magana?"

"Kaka ya yi da yawa. Sannan Abba ya yi. Sannan suka yi tare da ƙarfi, Mama ta ce mu je ɗaki."

Na rage wuta, na zauna a kan kujerar kicin. "To ina rabonku na ruwan? Kun taho da shi?"

Ta girgiza kai, kitsonta yana kaɗawa.

"Kaka ya hana. Ya ƙirga layukan, ya ce huɗu namu ne, amma a gidansa za su zauna. In muna so mu sha, sai dai mu riƙa zuwa shan ruwa kullum. Sitti, yau ma za mu je."